Hannun da Ya Goce a Bakin Kogin Soča

Da aka kira sunansa a bikin fina-finai na Portorož, kowa ya miƙe tsaye. Ni ma na miƙe, ina tafi kamar kumatunsa nake mari.

Tare muka gama makaranta a Ljubljana. Shi ya zama mai ɗaukar hoton da ake rububi, ni kuwa shekara talatin ina gefensa, ina murɗa gilashin kyamara don hoto ya fito tar.

Aka haska fitowar da ta yi masa suna: tsohuwa tana kuka a bakin kogin Soča, fuskarta tana narkewa dishi-dishi. Masana sun ce idon mai hawaye ya ara wa kyamara.

Ni na san gaskiya. Da gangan na goce da hannuna ranar, don darakta ya kore shi. Rana ta faɗi, ba damar sakewa.

Ya sauko da lambar yabonsa, ya rungume ni.

"Mutumina," ya raɗa mini, "ina kallon hannunka ranar. Shekara ashirin ke nan ina jiran ka sake jin haushina haka. Fim na gaba, don Allah ka daure ka sake goce hannun."