Koken Malama Remani

Shekara huɗu Malama Remani tana koyar da lissafi a wata makaranta a bayan garin Palakkad, ba ta taɓa karɓar albashi ba. Masu makarantar ne suka ɗauke ta, amma gwamnati ke biya, kuma sai ofishin ilimi ya amince. Ofishin ya ƙi, wai ɗaliban ba su kai yawan da za a ƙara malami ba. Ta kai koke ofishin da ke sama da shi, takardar ta je ta kwanta.

Duk wata sai ta hau bas ta je bibiya. Yau a ce jami'in yana taro, gobe a ce an canja masa wurin aiki. Har akawun ya saba da ita.

"Malama, kin dawo? Ai da kin zo da tabarmarki kin tare a nan."

Mijinta ya rasu tun 'yarsu Anagha tana goye. Mahaifiyar Remani ce ke ciyar da su da ƙodago a gonakin shinkafa. Ranar da aka dace a ci rogo da kifi, sauran ranaku kunun shinkafa.

Abokin aikinta Malam Sudhakaran, wanda shi ma kokensa ke can, ya ce su haɗu da wasu malamai biyu su je babbar kotu. Ta ƙi. An daɗe ana gaya mata cewa wanda ya yi ƙarar mai sa hannu, takardarsa ba ta ƙara ganin rana.

Da gwiwoyin tsohuwa suka gaza, Remani ta rubuta takardar ajiye aiki, ta tafi ƙasar waje, birnin Maskat, aikin jinyar wata dattijuwa. A tasha sai da aka ɓamɓare hannun Anagha daga zanenta.

Bayan wata biyar aka saurari ƙarar su Sudhakaran. Alƙali ya tambayi dalilin jinkirin, lauyan gwamnati ya rasa ta cewa. Kotu ta ba ofishin wata biyu ya yanke hukunci. Cikin kwana tara aka gama. Ashe ɗaliban sun kai tun farko, ba a dai taɓa buɗe takardun ba ne. Aka tabbatar da su ukun. Na Remani kuwa aka rufe shi, tunda ta ajiye aiki da hannunta, aka ba wata gurbinta.

Sudhakaran ya kira ta, tana tsakar wankin zanen gadon dattijuwar.

"Kwana nawa ka ce?"

"Tara, Malama."

Ta ajiye wankin. Ta ce, "Don Allah kada ka gaya wa Inna."

Jama'a, kowace takarda da ke kan teburinku rayuwar wani ce, kada ku jira sai kotu ta tilasta muku. Kai kuma da aka danne wa haƙƙi, kada tsoro ya hana ka zuwa kotu tun da sauran lokaci.