Sunan Ɗan Fari a Bakin Rijiya

Tun da aka haƙa rijiyar da ake kira Rijiyar Jiya a bayan kasuwa, kowa yana da damar magana sau ɗaya tak da zamanin da ya wuce. Mutum zai sunkuya, ya faɗi ranar, ya kira suna, sai muryarsa ta fito ta randar gidansu na da. Da zarar ruwan ya kwanta, shi ke nan.

Da hantsi Sallau ya rako mahaifiyarsa, Inna Tabawa. So take ta hana ɗanta na fari shiga kwalekwalen da ya kife da shi tun yana saurayi. Ta faɗi ranar ba gargada.

"Saura suna, Inna," in ji mai tsaron rijiyar.

Ta buɗe baki. Tun da ta haife shi, sunan nan bai taɓa hawa harshenta ba, don kunyar ɗan fari. Ta waiga, ta ga dattawan unguwa a layi, ta ja mayafi.

"Kai, yaron nan," ta ce.

Wata 'yar murya ta taso daga ƙasa: "Na'am, Inna. Ni ko Yaya?"

Kafin ta amsa, ruwan ya kwanta.

A hanyar gida ba ta ɗaga kai ba. Sun kusa ƙofa Sallau ya shafa furfurar gemunsa.

"Na tuna ranar, Inna. Muna tsaye gaban randa ni da Yaya Jibo. Ya yi dariya ya ce, 'Da kai take, ni ai ba ta kirana.' Sai ya saɓa taru ya fita."