Taswirar Lokaci a Bangon Kakana

"Ajiye burushin fentin nan, Kawu Sharfaddeen."

Na tsaya tsakaninsa da bangon. Ya yi dariya. "Zuwairatu, biki ya matso. Baƙi su tarar da zanen gawayi?"

Tun rasuwar kakana, Malam Badaru, nake gadin bangon nan na gidanmu a Akurba. Na yi imani shi ya fara zana taswirar lokaci a garin Lafiya: layuka masu hawa sama, kowanne da shekararsa a gefe. A jami'a an yi min dariya, an ce in canza batun bincike. Na ƙi. Na rubuta cewa layukan ƙasa shekarun fari ne, na sama kuwa bunƙasar kasuwar doya. Haka na shiga yi wa Kawu bayani.

Kaka ta leƙo daga kicin. "Wace doya? Ke ce kike ɓata bango da gawayi tun kina rarrafe. Shi shekara kawai yake rubutawa, ya hana a goge. Kina girma, zanen yana hawa."

Kawu ya ɗaga burushi. Na riƙe hannunsa.

"Ka dai ji," na ce, "mai taswirar tana raye, ga ta a gabanka. Nemi izininta."

"To, ranki ya daɗe, kin ba ni?"

"A'a."