Ɓarawon Hadarin Gehuru

Arzika ya ɗaure lauje a bakin doguwar gora, ya ja ƙullin da haƙori, sannan ya kalli sama ya yi tsaki. Ranar kasuwar Jega ce, ya san ɗan banzan zai biyo.

A daminar da ta biyo bayan yanke Kebbi daga Sakkwato, jiragen hadari sun cika sama. Kowanne ƙaton kwale-kwale ne, matuƙa su wurga igiya su cafke hadari, su ɗaure masa baki kada ya zubar, shi kuma ya ja su da buhunan albasar Aliero zuwa kasuwanni. Hadarin da ya zubar da ruwansa ya gama aiki, don haka matuƙin kirki ba ya barin ko ɗigo ya faɗi. Kuma kowa ya san hadari halin jaki gare shi: in ya tsinke igiya, inda aka kamo shi yake komawa.

A wurin Arzika wannan ba sana'a ba ce, sata ce da rana tsaka. Bana ko gajimare bai tsaya a kan ƙauyensu Gehuru ba. To ina zai tsaya, tun yana tasowa ɓarayi ke yi masa zarge? Abin da ya fi ƙona masa rai, cikin ɓarayin har da ƙanensa Surajo, uwa ɗaya uba ɗaya, wanda ya jefar da fartanyar gado ya tafi yawon sama. Tun ranar Arzika ya daina ambaton sunansa.

Ga shi yaron ko satar ma bai iya ba! Jirginsa faci kan faci. Kullum shi ne na ƙarshen isa Jega, bayan dillalai sun naɗe tabarmi. Hadarinsa kullum yoyo yake kamar tsohon tulu. Kuma don tsabar rashin kunya sai ya saki hanya ya biyo ta Gehuru, ya sauko ƙasa-ƙasa daidai gonar yayansa, ya yi ta jan ƙafa yayyafi na zuba, sannan ya wuce yana tangaɗi. Wato ka sace ruwan gari, ka dawo ka tofa wa mutum ragowa a fuska.

"Malam," matarsa Hamsatu ta taɓa ce masa, "yaron ga kullum sai ya ɗago ma hannu. Ko sau guda ka amsa mai mana."

"In gai da ɓarawo? Allah shi sawwaƙe!"

Geron maƙwabta ya ƙone tuni. Na Arzika kaɗai ya rage kore a duk karkarar, kuma ba ya gajiya da gaya wa mutane dalili: taki da iya riƙon fartanya. Su sauran ai ragwaye ne. Sai dai yanzu geron ya fara fid da kai, ganyensa na nannaɗewa tun hantsi. Yayyafi ba zai cece shi ba. In bai sha ruwa mai nauyi a ɗan tsakanin nan ba, rumbu wayam, yara kuma ba sa cin alfahari.

Shi ya sa ya haye kukar da ke bakin gona da gorarsa. Lissafinsa a fili yake. Hadarin Gehuru ne aka sace, in ya datse igiyar, gida zai dawo ya juye a nan.

Da azahar iska ta sauya. Sai ga shi daga nesa, baƙi ƙirin, Arzika bai taɓa ganin hadari mai girmansa ba. Jirgin na biye kamar akuya na bin raƙumi, katakansa na kuka. Yau ya sauko ƙasa fiye da kullum, har igiyar da ke jan jirgin tana shafar ganyen kukar. Surajo na tsaye a goshin jirgi, ya rame, tafukansa naɗe da tsumma, yana kokawa da wani ƙulli. Ya hangi mutum a kan itace, fuskarsa ta washe.

"Yaya!"

Dubi bakinsa, wai Yaya. Arzika ya miƙa gora, ya saƙala laujen, ya ja da duk ƙarfinsa.

Igiyar ta ce tas! Hadarin ya yi girgiza, ya yi ruri. Arzika ya buɗe hannuwa yana jiran ɗigon farko.

Ko ɗigo bai faɗi ba. Hadarin ya juya masa baya, ya miƙe kudu a guje, bakinsa a ɗaure. Rana ta dawo fayau. Jirgin kuwa ya sulalo ya daki tsakiyar gonar, ya kwantar da gero kunya bayan kunya kafin ya tarwatse.

Arzika ya diro daga kan kukar. Ya ratsa katakai yana neman buhunan albasa ya shura don haushi, bai ga ko ƙwaya ɗaya ba. Jirgin fanko ne. Surajo na kwance, gungume ya danne masa ƙafa, har yanzu yana damƙe da guntun igiya.

"Saura ƙiris in kwance ma hadarin baki," ya ce da ƙyar. "Na ce yau in bar ma shi duka, ko da jirgin nan zai ƙare."

Arzika ya shaƙo wuyan rigarsa. "Maƙaryaci! Ina hadarinmu ya nufa? Mi ya hana shi dawowa gida?"

Surajo ya bi baƙin ɗigon da ke ɓacewa a kudu da kallo.

"Ai gida ya tafi, Yaya. Gehuru ba ta yi hadari ba bana ko sau guda. Duk ruwan da gonarka ta sha, daga can kudu, bayan Maiyama, nika jawo ma shi."