Turmin Marka da Gangar Uban Amo

Ka ce duk abokan sana'arka sun bi abin da ake yayi, saura kai kaɗai, har ka fara zargin kanka da taurin kai. To gyara zama in ba ka misali.

An yi wani gari a gindin dutse, tun kafin addini ya iso ƙasar nan, mutanensa suna bauta wa wani abu da suke kira Uban Amo. A faɗarsu, yana can sama zaune da gurminsa, tsarkiyar ta taso daga gabas ta dire yamma, kuma da kiɗansa rana da wata suke tafiya, damina da rani suke karɓa-karɓa. Shi ya ba kwaɗo kukansa, shi yake sa wa mawaƙa waƙa a baki. Wata shekara ruwa ya yi jinkiri, shuka ta fara yaushi. Sarkin tsafi, wanda tun da uwarsa ta haife shi bai taɓa riƙe taɓarya ba, ya ce ya gano dalili: sautin garin ne ya watse, kowa na buga nasa, shi ya sa Uban Amo ya yi fushi. Daga ranar, duk abin da ake bugawa, gudumar maƙeri ce ko taɓaryar mata, dole ya sauka tare da bugun gangar tsafi, lokaci guda. Wanda ya saɓa, a ƙone kayan aikinsa, a kore shi daga gari.

Akwai wata tsohuwa a garin, Marka, wadda ba a yi mai iya lugude kamarta ba. Ka san lugude: mata uku a kan turmi ɗaya, wannan taɓarya tana sauka waccan tana tashi, har a cilla ta sama a tafa hannu a cafe, ba wadda ke taɓa 'yar'uwarta. Da doka ta zo, Marka ta tsaya ta ga yadda maƙwabta suke bin ta. Taɓare uku su faɗa turmi a tare, su yi karo, su zame su doki baki, gero ya tarwatse, kaji su yi biki. Kafin mako biyu turame sun soma tsagewa gida gida, amma ba mai iya buɗe baki. Marka ta ji tsoro, kada ka ce ba ta ji ba. A garin aka yanke mata cibiya, a nan kabarin mijinta yake, ba ta da wani wuri a duniya. Amma turminta na kirya ne, gadon uwarta, kuma ta rantse ba za ta fasa shi da hannunta ba don wani ya ji daɗin kunnensa. Ta mirgino shi har ƙofar gida da rana tsaka, ta kira 'ya'yanta mata biyu daga gidajensu, suka kafa lugude, ganga na bugawa suna ratsa ta.

Aka kai ta gaban sarkin tsafi. Ya ce, "Ke tsohuwa, da Uban Amo kike ja?"

Ta ce, "Ranka ya daɗe, rana da wata tare suke fitowa? Numfashin da ke ƙirjinka, shiga da fita tare kake yin su? In shi ya tsara waɗannan, to ɗan lugude ne, ni ce ma nake bin sa. Kai dai ka kashe mana turame."

Sarkin tsafi ya yanke cewa ranar bikin roƙon ruwa, kwana bakwai masu zuwa, za a ƙone turmin a gaban jama'a, ita kuma ta bar gari kafin rana ta faɗi. Marka ta koma gida ta ɗaure 'yan tsummokaranta, ta yi kuka mai isarta, ba ta je ta ba kowa haƙuri ba.

Ranar biki ta zo. Al'adarsu kuwa ba a roƙon Uban Amo sai da gumbar da aka daka a gabansa a wannan safiyar. Aka ce a kawo turmi. Na farko da aka zuba wa gero, ta gindi ya zube. Na biyu ya rabe gida biyu tun a hanya. Aka zaga gari kaf, turmi mai lafiya guda ɗaya ne, ga shi can a ɗore bisa itacen da za a cinna wa wuta. Sarkin tsafi ya dubi jama'a, jama'a suka dubi ƙasa. Da ƙyar ya tako inda take tsaye da ƙunshinta a ka, ya ce, "Inna Marka, a taimaka."

Ba ta sauke ƙunshin ba sai da ta ce, "Ku sauko mini da turmina. Mai ganga kuma ya bi ni, ko ya yi shiru."

Mai ganga ya bi lugudenta. Ko an yi ruwa a shekarar, ban sani ba, ruwa na Allah ne. Abin da na sani shi ne duk wannan damina matan garin layi suke yi a ƙofar Marka da ƙwaryar gero a hannu, suna jiran aron turmi. Shi ya sa Hausawa suka ce, kowa ya daka rawar wani, ya rasa turmin daka tasa.