Gurbi Ɗaya a Jirgin Fito

Tun da ruwa ya cinye rabin tsibirin Gungun Tsamiya aka kafa doka: ba mai shiga sai wani ya fita. Jirgin fito mai ɗaukar mota biyu shi ke ƙirga mutane da kansa.

Tasalla ta tsallaka zuwa asibiti ranar Talata, ta dawo Juma'a rungume da jaririya. Ƙofar jirgin ta ƙi buɗe mata.

"Mutum ɗaya ya fita, biyu sun dawo," in ji muryar jirgin.

"Shekaranjiya fa aka haife ta!" Ta hango mijinta a tsallake, yana ta kai da kawowa.

Baba Nomau mai sayar da banda ya leƙo daga a-kori-kurarsa, ya daɗe yana kallon jaririyar. Sai ya ja motar baya, ya sauka daga jirgin.

"Baba, ina za ka?"

"Ina da ƙanwa a Yawuri. Shiga, 'yata."

"Kabarin Inna, matarka, fa?"

"Ki riƙa share mini shi."

Ƙofa ta buɗe. Har jirgin ya kai tsakiyar ruwa Baba Nomau na tsaye a gaɓa, makullin ɗakinsa a hannu.