Dawowar Lawandi

Tun da yaƙin ya shiga shekara ta tara aka kafa doka: duk sabon soja sai an ɗauki fim ɗin dawowarsa gida kafin ya tafi. Shi ake ta nunawa a talabijin, don jama'a su ga ana dawowa.

Barau, wanda a da finafinan soyayya yake shiryawa, ya ɗauki irin wannan fim guda talatin tun safe, har muryarsa ta dishe. Yanzu layi ya zo kan Lawandi da mahaifiyarsa, Inna Goshi.

"Inna, ki tsaya bakin ƙofar can. In ya shigo..."

"Na sani, ɗan nan. In saki tsintsiya, in rungume shi. Na yi wa yayyensa biyu."

Barau bai tambayi inda suke ba. Ya ɗaga hannu, Lawandi ya shigo da lambar yabo ta roba a ƙirji, tsintsiya ta faɗi.

"Ya isa!" in ji Barau.

Inna Goshi ba ta saki ɗanta ba.

"Don Allah bar kyamarar ta ci gaba," ta ce. "Nasu minti ɗaya ne kacal. Kullum kafin in gama kallon fuskarsu ya ƙare."